Mai Tambayar Sunan Uwa

Al Ƙusais, Dubai
Oktoba, 2018

Zuwa ga Yayata Halima Sa'adiya,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan wannan takarda ta same ki lafiya, ke da Malam da yara da jikoki. Yaya ƙafar taki? Ina fatan kina shafa man da na aiko, ba ki rabar wa maƙwabta ba kamar na bara.

Mu nan alhamdulillahi. Jikin Alhaji da sauƙi, sai dai sauƙin a hankali yake zuwa. Hannun dama bai ɗagu ba tukuna, amma yana takawa daga ɗaki zuwa falo in na riƙe shi. Magana ce dai shiru. Fatiha yana karanta ta tsaf a sallah, amma in an ce ya faɗi ruwa sai harshe ya ƙi. Abin da ya rage masa na hira shi ne "to", da ita yake yarda, da ita yake faɗa. Likita ta ce haka shanyewar jiki take yi wa wasu. Maharazu ƙaninsa ke riƙe da ofishin kago, na aika kaya gida, yanzu, yana ƙoƙari, duk da kin san zafin kansa.

Kin tambayi dalilin da ba na turo saƙon murya. Yaya, wayarki a hannun jikoki take wuni, abin da na faɗa sai gida duka ya ji. Hajiya Safiya tana sauka Kano duk wata da kayanta, gara na ba ta takarda.

Akwai abin da nake so ki sani, ban ma san ko abu ne ba. Mun yi sababbin maƙwabta a fulat ɗin da ke kallon namu. Wata nas ce mai suna Rupali, da mahaifiyarta, tsohuwa da ta haura saba'in, siririya, gashi fari fat. 'Yan Indiya ne, amma tsohuwar ba ta son a tsaya a nan. Ta ce ita 'yar Asam ce, can gabas inda ake noman ganyen shayi, suna da harshensu da rubutunsu, kuma tun da ta zo Dubai kowa ɗaukarta yake 'yar Bangal. Na ce mata mu ma haka muke fama, da an gan mu sai a ce Afirka, shi ke nan. Sunanta Malobika Dowara, amma ta ce na kira ta Baidew, wato Yaya a harshensu. Ki yi haƙuri, an yi miki takwara.

Rupali ta ce uwar tata marubuciya ce, littattafan labari take yi, wai a ƙasarsu har a makarantu ana karanta wasu. Ni dai na ga tarin littattafai a ɗakinta, da hotonta ana miƙa mata wani farantin tagulla. Rubutun nasu kuwa haruffa ne a rataye jikin layi, kamar an yi shanya.

Ta fara shigowa wurinmu da hantsi in 'yarta ta tafi aiki. Turancina na kasuwa ne, nata na makaranta, amma tana saukowa inda nake. Na ba ta goro, ta tauna ta ɓata fuska, ta ce su ma suna da irin nasu. Daga nan tambaya ta ɓarke. Wa ke shuka shi, mata na sayarwa, a wane biki ake rabawa, me ake ce wa wanda aka hana. Ban taɓa ganin mai tambaya irinta ba. Kuma ba ta rubuta komai a gabana, kallona kawai take yi kamar tana adana ni a wani wuri.

Wannan kallon ne bai kwanta mini ba. Ina istigfari, don baiwar Allah ba ta yi mini komai ba sai alheri. Na dai faɗa miki ne.

Ki gaishe da Malam, ki ce ya sa Alhaji a addu'a.

Ƙanwarki,
Sauda

Al Ƙusais, Dubai
Disamba, 2018

Yayata Halima Sa'adiya,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ki da kyau, ina tambayar lafiyarki da ta mutanen gida. Takardarki ta iso tare da kuka da daddawa, Allah ya saka da alheri. Kin ce na rage sakin jiki da baƙuwar nan. Na ji, amma abin ya wuce nan.

Yanzu ba wurina take zuwa ba, wurin Alhaji take zuwa. Ta ja kujera ta zauna nesa kaɗan, ina zaune, ta yi masa tambaya ta yi shiru. Shirun nan sai ya yi tsawo har na ji kunya ta kama ni na ba da amsa a madadinsa, sai ta ɗaga mini hannu wai na bari. Shi kuma ya yi ta kokawa da bakinsa, gumi na keto masa. Wani lokaci ta karanta masa abin da ta rubuta da harshensu, wanda ba ya jin ko kalma ɗaya, ya kafa mata ido har ta gama. In ta tafi sai na ga yana hawaye. In ba ta zo ba kuma ya ƙi cin abinci, yana nuna ƙofa da hannun hagu.

Ranar da ya cika shekara da faɗuwa ta zo da wani farin ƙyalle, dogo kamar tawul, an saƙa jan zare a bakinsa. Ta riƙe shi da hannu biyu ta rataya masa a wuya, ta ɗan rusuna.  Farin ƙyalle, Yaya, ga marar lafiya. Da ta fita na cire, ya riƙe gam da hannun da ke aiki, ya ce "to" irin ta faɗa. Na bar masa.

Duk wannan da sauƙi. Makon jiya ta dube ni ta tambaye ni sunan mahaifiyar Alhaji.

Kin san wanda ke tambayar sunan uwar mutum. Mun tashi a Soron Ɗinki, mun ga masu zuwa wurin malaman tsibbu da bokaye, ba a fara aiki sai an ce wane ɗan wance. Mahaifinmu, Allah ya ji ƙansa, ya sha faɗa mana a makarantar allo cewa duk wanda ya nemi sunan uwarki ko tsummanki, ki tashi ki bar wurin. Na ce mata ban sani ba, nan take na ji nauyin ƙarya, na gyara na ce na sani amma ba na faɗa. Ko babu komai, yaushe zan buɗe baki na kama sunan surukata? Shekara talatin ina gidan nan ban taɓa ba, tana raye ko bayan ta rasu. Ta yi murmushi ta ce ai ba ni take so na faɗa ba, ɗan take so ya faɗa. Ta juya wurin Alhaji ta tambaye shi, ta zauna jira.

Washegari na kai mata kwanonta, na ga abin da ban lura da shi ba a da. A kan teburin da take rubutu akwai wata 'yar kwalba cike da rairayi, kusa da ita fitilar mai 'yar ƙarama tana ci da rana tsaka.

Ƙyalle, suna, ƙasa a kwalba. Ki haɗa da kanki.

Ina tofa masa Falaƙi da Nasi safe da yamma. Amma ga abin da ke hana ni sukuni: tun da ta fara zuwa ya fi walwala, har aski ya nema da hannu. Ban sani ba ko sauƙi ne, ko kuwa aikin ne yake kama shi. Kuma na san an hane mu da yawan zato. Kada ki faɗa wa kowa tukuna, ko Malam.

Allah ya tsare mu baki ɗaya.

Ƙanwarki,
Sauda

Al Ƙusais, Dubai
Janairu, 2019

Yayata abar ƙaunata,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina fatan kuna lafiya, ya sanyi, ya ƙafa. 

Maharazu ya sani. Ya zo ranar Juma'a cin abinci ya ga ƙyallen a wuyan yayansa, ya tambaye ni, ni kuma ba na iya ɓoye abin da aka tambaye ni kai tsaye. Da na zo kan maganar sunan Hajiya, mahaifiyar Alhaji, sai ya ture kwanon. Kin san uwa ɗaya suke. Ya ce wace kafira ce za ta sa sunan uwarsa a bakinta, ya ce ni da nake da saukar Alƙur'ani na zauna ana ɗaure masa ɗan'uwa a gabana. Ya fizge ƙyallen ya sa a leda.

Yaya, nan ba gida ba ne da za a yi cacar baki a tsakar gida a watse. A ƙasar nan sihiri laifi ne a doka, 'yan sanda na kamawa, ana ɗaurewa, a kori mutum. Maharazu ya ce zai kai ƙara, amma sai da shaidata, don ni na gani na ji. Ya ce na shirya ya zo ya ɗauke ni farkon mako. Tsohuwa ce mai ciwon suga. 'Yarta kuma aikin asibiti da bizarta duk suna iya tafiya a kan wannan.

Na yi alwala na zauna na tambayi kaina abin da zan rantse a kai. Na ga ƙyalle, na ga rairayi, na ji tambaya. Ban ga sihiri ba. An umarce mu mu bincika kafin mu afka wa mutane. Sai na yafa mayafina na ƙwanƙwasa mata ƙofa, na ce mata a fili, a ƙasarmu masu cutar da mutane ne ke tambayar sunan uwa, ina so ta gaya mini me za ta yi da shi.

 Sannan ta sauko da littattafanta ɗaya bayan ɗaya ta jera a kan gado, ta ba ni labarinta.

An haife ta a wani ƙauye a tsibirin babban koginsu, kogin da ke cin ƙasa duk damina, ya ci gona ya ci gida. Tana goye uwarta ta rasu a ambaliya. An kawo uwar ce daga wani ƙetare mai nisa, Amarya kowa a gidan yake ce mata har ta mutu. Uban malamin makaranta ne, mai kunya, bai taɓa kama sunan matarsa ba, ya rasu kafin 'yar ta yi wayon tambaya. Da ta girma ta koma nema, ta tarar kogi ya cinye ƙauyen dangin uwar, mutanen sun watse. Ƙauyensu ma ya bi baya. Rairayin kwalbar nan ta ce daga inda gidansu yake a da ta ɗebo, a kwalekwale. Har yau ba ta san sunan wadda ta haife ta ba.

Ta yi karatu ta zama malama a wani gari da ake kira Jorhat. Labarinta na farko a mujalla ya fito, da sunan namiji, don kada dangin mijinta su gane. Da aka gane sai da aka yi shekara ba a gayyace ta biki ba. Littafinta na masunta ya jawo mata zagi, mutanen garin suka ce ta tona musu asiri. Wani kuma, na mata masu tsinkar ganyen shayi, shi aka ba ta farantin tagulla a kansa. Ta ɗora yatsa a kan kowane littafi ta faɗi sunan matar da ke cikinsa, ta faɗi ɗan da ya ba ta sunan: wannan uwar direban makarantarsu ce, wannan uwar wani mai ɗinki Musulmi, wannan uwar likitan da ya yi mata aikin ido. Ta ce komai na labari tana ƙagawa, ban da sunan mace. Shi roƙonsa take yi a bakin ɗa, don ta ga yadda fuskarsa take in ya faɗa. In ba ta ga wannan ba, littafin ba ya tashi.

Mijinta ma irin ciwon Alhaji ya yi. Ta ajiye alƙalami ta yi jinyarsa shekaru har ya rasu, tun daga nan ba ta sake gama littafi ba. Ta ce shi ma matarsa ke amsa masa tambaya don tausayi, wato ita, sai daga baya ta gane jira yake so a yi masa. Ƙyallen kuwa gamosa suke ce masa, baƙo mai daraja ake rataya wa, ta nuna mini hotuna har da wani limami nasu da shi a wuya.

Na yi kuka, Yaya, ba zan ɓoye ba. Amma da na dawo ɗaki sai wani tunani ya zo mini. Wannan mata sana'arta ke nan, ta tsara labari har mutum ya yi kuka. Shekara hamsin tana yi, har kyauta aka ba ta. In da mai sihiri ce, ai da irin wannan labarin za ta tare ni. Littattafan ba na iya karanta su. Ba ni da wanda zan tambaya a Asam.

Ina istihara. Kafin amsarki ta zo an riga an yi abin da za a yi, amma ki yi mini addu'a.

Ƙanwarki,
Sauda

Al Ƙusais, Dubai
Fabrairu, 2019

Yayata Halima Sa'adiya,

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, ina fatan kowa lafiya. Na ga takardarki, na ga kin ce na bi Maharazu don ya fi ni sanin ƙasar. Ki yi haƙuri, ban bi shi ba.

Da ya zo da mota na ce masa zan je, amma ya sani abin da zan faɗa wa 'yan sanda shi ne, tsohuwa ta ba mijina kyauta ta yi masa tambaya, kuma tun da take zuwa yake cin abinci. In suka ce na rantse cewa ta cuce shi, ba zan rantse ba. Ya ce ai ita ma ta shanye ni. Na ce mai yiwuwa ne, Allah ya fi ni sani, amma zato nake da shi, kuma ba zan tsaya gaban Allah da hakkin tsohuwar da aka ɗaure a kan zatona ba. Na miƙa hannu na ce ya ba ni ledar. Kin san ban taɓa ɗaga masa murya ba, ranar ma ban ɗaga ba. Ya ajiye ta a kan kujera ya fita, ko yayansa bai yi wa sallama ba.

Na ɗauka magana ta mutu. Ashe tun ranar Juma'ar ya tsaya ya yi wa maigadin bene tambayoyi a kan tsohuwar, wa ke zuwa wurinta, me take ƙonawa. Maigadi ya faɗa wa mai shara, kafin mako ya zagayo matan hawa na uku sun daina shiga lif da ita. Rupali ta shigo wurina da kayan aikinta a jiki, idonta jawur. Ba ta zage ni ba, da ta zaga da na fi samun sauƙi. Ta ce ba za ta iya zama tana jiran ranar da wani zai buga wa 'yan sanda waya ba, ta saya wa uwarta tikiti, za ta koma wurin ƙaninta a Jorhat.

Ranar tafiyar, da hantsi, Baidew ta shigo sallama. Na mayar wa Alhaji ƙyallensa a wuya da hannuna a gabanta, don ta gani. Ta zauna a kujerarta. Tasi na jira a ƙasa, Rupali na leƙowa. Ba ta yi masa wata tambaya ba, ta dai ce masa da Turanci za ta tafi, littafin da ta so sa sunan a ciki ma ta haƙura da shi. Na buɗe baki zan ce ya gode, Allah ya kiyaye hanya, kamar yadda na saba yi masa. Sai na tuna, na kama bakina.

Muka zauna shiru mu uku. Ya yi ta motsa leɓe, jijiyar wuyansa ta tashi. Ban san tsawon lokacin ba, na dai ji mai tasi yana ta hon. Can sai ya faɗa. Sunan Hajiya, na ranar Laraba, kin san shi ba sai na rubuta ba. Ya fito tsaf, da muryarsa ta da, wadda yake kiran yaran kago da ita. Ya sake faɗa. Fuskarsa ta koma kamar ta ƙaramin yaron da aka dawo da shi gida.

Ni na sunkuyar da kai don kunya, ita kuwa ba ta ɗauke ido daga kansa ba. Ta maimaita sunan a hankali, ta karkace shi, ya ce mata "to" irin ta faɗa, ta gyara, ya ce "to" irin ta yarda. Ta tashi ta tafi.

Yanzu suna yana hannunta, tana can inda ba mai iya kai mata. In sharri ta nufa, na buɗe mata ƙofa da kaina. Ina sa ido a kansa dare da rana, ina duba cinsa da barcinsa. Abin da na gani ya zuwa yau, ya ƙara kalma biyu, shayi da zafi. Maharazu ya ce maganin likita ne. Yana iya yiwuwa.

Ki gaishe da kowa. Kada ki yi fushi da ni.

Ƙanwarki,
Sauda

Al Ƙusais, Dubai
Nuwamba, 2021

Zuwa ga Yayata Halima Sa'adiya,

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa da ban girma, ina tambayar lafiyarki da ta Malam da jikoki. Alhamdulillahi da jirage suka dawo, Hajiya Safiya ta koma zirga-zirgarta, na gaji da saƙon murya da sai na tauna kowace kalma saboda kunnuwan gidanki. Alhaji yana gaishe ki, da bakinsa. Maganar guntu-guntu ce, amma tasa ce.

Kin tuna tsohuwar Asam. Rupali tana nan, ta sha wahala lokacin annoba, har ta kwanta ita ma. Ni na riƙa ajiye mata abinci a bakin ƙofa, a nan muka shirya. Watan jiya ta je gida hutu ta dawo mini da ƙunshi. Littafi ne sabo, bango shuɗi da hoton kwalekwale. Baidew ta rubuta shi a zaman kulle, tana fama da ido. Rupali ta ce jaridunsu sun yi ta magana, wai tsohuwa ta dawo bayan shekaru, kuma kowa na tambayar inda ta samo wannan baƙon suna. Ta ɗora yatsa a kan manyan haruffan bangon ta karanta. Sunan Hajiya ne sunan littafin.

Na ce ta gaya mini gaskiya, me aka sa surukata ta yi a ciki. Ta ce labarin wata mata ce mai fito, wadda ke ƙetarar da mutane a kogi bayan ruwa ya cinye garinsu, ba wanda ya san daga ina ta zo. Yaya, Hajiya da ko tsallaka kwata sai an riƙe mata hannu. Na ce tana sallah? Ta ce tana yi, a kan kwalekwalen. Na ce to, ba zan yarda da taƙaitawa ba, a karanta mini duka.

Yanzu duk ranar hutunta tana shigowa ta karanta babi ɗaya, tana juyawa da Turanci, ni kuma ina zaune da carbi na kasa kunne ko zan ji inda aka ci mutuncin baiwar Allah. In ta yi sauri sai na ce ta koma baya, don ban san abin da take tsallakewa ba. Mun wuce rabi. Matar tana da faɗa, tana ƙulle goro a gefen zane, ba ta karɓar ladan fito a hannun mai ciki. Faɗan dai na Hajiya ne, ban san yadda aka yi ta sani ba, wannan ma abin dubawa ne. Amma ban kama ta da laifi ba tukuna.

Alhaji ba ya bin labarin sosai. Sunan yake jira. Duk inda aka ambata sai ya maimaita, ya gyara wa Rupali faɗarsa.

Maharazu ya tarar da mu ranar nan. Ya tsaya a bakin ƙofa da takalmansa, ya ji an kama sunan uwarsa sau da yawa a bakin baƙuwa. Na shirya jin faɗa. Ya karɓi littafin ya juya shi, ya riƙe a kife, Rupali ta gyara masa. Ya tambaye ta wanne ne harafin farko, ta nuna masa. Ya mayar mata. Makon da ya biyo ya zo da wuri, wai hanya ce ta biyo da shi.

Ga dalilin wannan takarda. Baidew ta aiko da saƙo a bakin 'yarta. Ta ce ta fara wani littafin, tana jin shi ne na ƙarshe, kuma a karon nan a bakin 'ya mace take so ta roƙi sunan uwa. Ta ce in na yarda, Rupali za ta haɗa mu a waya ta ga fuskata.

Ban ba ta amsa ba. Na kwana ina juya abin, tsoron bai gama fita daga raina ba, kuma ban san a wane kogi za a sa Innarmu ba. Amma na tuna tun da ta rasu ban ji wani ya faɗi sunanta ba. A gida Inna ce, a unguwa matar Malam saboda mahaifinmu, jikokinmu ko an tambaye su ba su sani ba.

Sunan ba nawa ba ne ni kaɗai, namu ne mu biyu, kuma ke ce babba. In kin ce a'a, magana ta ƙare, ba zan sake tayar da ita ba. In kin yarda, ki rubuto mini ta hannun Hajiya Safiya. Ki yi istihara kafin ki amsa, ni ma ina yi.

Allah ya ji ƙan iyayenmu, ya sa mu cika da imani. A gaishe da Malam da yara.

Ƙanwarki mai jiran amsarki,
Sauda